Rabi da Sulusi Ba Sa Haɗuwa Sai an Nemo Musu Asali

Ƙannena na Dudunni, da takwarorinku na sauran ƙasar Kusada da Kankia, akwai wani darasi a cikin lissafi wanda ɗalibai da yawa ke fara ja da baya a kansa tun suna manyan azuzuwan firamare, kuma wanda ya ja baya a nan da wuya ya sake shiri da lissafi har ya gama sakandare. Darasin shi ne tarawa da ɗebewa na lambobin da suka haɗa cikakke da guntu, irin su biyu da rabi ko huɗu da sulusi, musamman idan lambobin da ke ƙarƙashin layi ba iri ɗaya ba ne. Malami zai rubuta 2 1/2 + 1 1/3 a allo, aji ya yi tsit, kowa ya sunkuyar da kai kada a kira sunansa. Ni kuwa ina ganin ba a kyauta muku ba idan aka bar ku kuna ɗaukar wannan darasi a matsayin baƙon da boko ya kawo. Kakanninku sun san shi. Limamin garinku yana aiki da shi duk lokacin da aka kira shi rabon gado. Telan da ya ɗinka muku kayan Sallah ma da shi yake cin abinci.

Mu fara da kuskuren da kusan kowa ke faɗawa. Yaro zai tara 2 da 1 ya sami 3, wannan daidai ne. Sai ya tara sama da sama ya sami 2, ya tara ƙasa da ƙasa ya sami 5, ya rubuta 3 2/5, ya ja layi biyu a ƙarƙashi. To ku ajiye biro, ku auna amsar da hankalinku. Biyu cikin biyar bai kai rabi ba. Ke nan mutum yana da buhu biyu da rabi, aka ƙaro masa buhu ɗaya da sulusi, sai rabin buhun da ke hannunsa tun farko ya ragu? Ko tsohuwar da ba ta taɓa taka ƙofar aji ba, in aka yi mata wannan lissafi a kan geronta, za ta ce a sake awo.

Abin da ya jawo kuskuren shi ne rashin gane aikin lambar ƙasa. Ita lambar ƙasa ba abin tarawa ba ce, girman ma'auni take faɗa, wato kashi nawa aka raba abin. Lambar sama ita ce ke faɗin kashi nawa aka ɗauka daga ciki. Idan aka aiko ka da kwano uku na gero da gwangwani biyu, aka tambaye ka nawa ka kawo, ba za ka ce biyar ba, domin za a ce maka biyar na me? Sai ka juye kwanukan ka auna su da gwangwani, sannan ka iya faɗin adadi guda. Rabi ma'auni ne, sulusi wani ma'aunin ne daban. Kafin su haɗu sai an nemo ƙaramin ma'aunin da zai auna kowannensu ba tare da saura ba.

Ga yadda ake nemo shi. Ka jero ninkin biyu: 2, 4, 6, 8. Ka jero ninkin uku: 3, 6, 9. Inda suka fara haɗuwa shi ne 6. Sai ka raba buhun gida shida a zuciyarka. Rabinsa gida uku ne, sulusinsa gida biyu. Yanzu ma'auni ya zama ɗaya, uku da biyu biyar, biyar cikin shida. Amsa ita ce 3 5/6, wato saura kaɗan buhu huɗu ya cika. Wannan amsa ce da hankali zai karɓa. Ku riƙe wannan ɗabi'a da kyau: kafin ku fara aiki ku yi kirdadon inda amsa za ta faɗa, bayan kun gama ku duba ko ta faɗa wurin. Rabi da sulusi sun fi rabi, amma ba su kai ɗaya ba. Duk amsar da ta fita daga wannan iyaka, kada ku jira malami ya sa mata jan biro.

Ɗebewa ta fi tarawa kayar da mutane, saboda a cikinta ake aro. A ce tela yana da yadi 5 1/4 na shadda, zai yanke yadi 2 2/3 ya yi wando da 'yar riga. Nawa zai rage? Huɗu da uku suna haɗuwa a 12. Kwata ya zama 3/12, sulusi biyu suka zama 8/12. Ga matsala: ba a ɗebe takwas daga uku. Sai a je wajen cikakkun yadi biyar a aro guda, su koma huɗu. A nan ne ɗalibai ke tuntuɓe, domin sun saba da aron da ake yi a lissafin yau da kullum, inda abin da aka aro kullum goma ne. Sai su ƙara goma a kan uku su rubuta 13. A'a. Yadin da ka aro, gida 12 ka raba shi, saboda haka 12 ya kawo maka, ba goma ba. Uku da goma sha biyu 15. Yanzu kana da 4 15/12, ka ɗebe 2 8/12, saura 2 7/12.

In kuna shakka, ku tafi shagon tela ku roƙi aron tef ɗinsa. Yadi ɗaya inci 36 ne. Yadi biyar da kwata inci 189 ke nan, yadi biyu da sulusi biyu inci 96. Ku ɗebe, saura inci 93, wato yadi biyu da inci 21. Inci 21 cikin 36 kuwa shi ne bakwai cikin sha biyu daidai wa daida. Tela bai taɓa kiran abin da yake yi da sunan da ke cikin littafinku ba, amma duk ranar Allah yana mayar da rabi da kwata da sulusi zuwa inci, ya tara, ya ɗebe, sannan ya sa almakashi. Kuma shi kuskurensa ba jan biro ke biyo bayansa ba, shaddar mutane ce ke lalacewa. Agogo ma haka yake: awa ɗaya da kwata uku a haɗa da awa biyu da sulusi, minti 45 da minti 20 sun ba da 65, awa ɗaya ta fita daga ciki, jimla awa huɗu da minti biyar. Tun zamanin mutanen Babila ake aiki da 60, kuma tana rabuwa gida biyu, uku, huɗu, biyar da shida ba saura.

Ku da kuka tashi a gidan noma, kaka ma tana da nata lissafin. Manomi ya sami buhun gero 12 1/2 a gonar gida, ya sami 7 3/4 a gonar daji. Rabi kwata biyu ne, a haɗa da kwata uku ya zama kwata biyar, wato buhu ɗaya da kwata. Jimla 20 1/4. Zakkar abin da ruwan sama ya shayar ushuri ce, ɗaya cikin goma, ta noman ban-ruwa kuma rabin ushuri. Ushurin buhu 20 buhu biyu ne, ushurin kwata kuwa ɗaya cikin arba'in na buhu. Idan buhun mai cin tiya arba'in ne, zakkarsa buhu biyu da tiya ɗaya ke nan. Wannan tiya ɗaya haƙƙin wani mabuƙaci ce, kuma wanda ya saba zubar da guntu a lissafi ita zai fara mantawa.

Amma inda nake so ku fi tsayawa shi ne ilimin rabon gado, domin a nan ne wannan darasi ya zama amana. A cikin Suratun Nisa'i, aya ta 11 da ta 12 da ta 176, aka ƙayyade rabon magada, kuma kason da aka ambata guda shida ne: rabi, rubu'i, sumuni, sulusi biyu, sulusi da sudusi. Ku rubuta su da lamba ku gani: 1/2, 1/4, 1/8, 2/3, 1/3, 1/6. Lambobin ƙasa sun sha bamban. Mamaci kuma ba magaji ɗaya yake bari ba, sau da yawa mai sumuni da mai sudusi da mai sulusi biyu duk suna zaune a tabarma ɗaya suna jira. Saboda haka abu na farko da malamin gado ke yi, bayan ya tantance wa ke ci wa ba ya ci, shi ne ya nemo asalin mas'ala. Asalin mas'ala ba komai ba ne illa wannan ƙaramar lamba da muka yi ta nema a sama, wadda kowane kaso zai fita daga cikinta cikakke. Malamai sun ƙididdige su guda bakwai: 2, 3, 4, 6, 8, 12 da 24. Wanda ya karanta babin gado a Risala ta Ibn Abi Zaid Alƙairawani, littafin da ake karantawa a zaurukan ƙasar Hausa tun kaka da kakanni, ya yi wannan darasi naku ko da bai taɓa riƙe alli ba.

Ga misali. Mutum ya rasu ya bar mata, da uwa, da uba, da 'ya'ya maza biyu da mace ɗaya. An yi masa sutura, an biya bashinsa, an fitar da wasiyya in ya yi, wadda ba ta wuce sulusin dukiya, sai aka sami saura naira 2,400,000. Matarsa tana da sumuni saboda akwai 'ya'ya, uwa sudusi, uba sudusi. Takwas da shida suna haɗuwa a 24. Sumuni ya zama 3, kowane sudusi ya zama 4, jimla 11 cikin 24. A ɗebe 11 daga 24, saura 13 na 'ya'ya. Kowane gida ɗaya naira 100,000 ne. Mata ta ɗauki 300,000, uwa 400,000, uba 400,000, 'ya'ya suka raba 1,300,000, namiji rabon mata biyu: kowane namiji 520,000, mace 260,000. Yanzu ku yi tunanin wanda zai tara sama da sama, ƙasa da ƙasa a wannan zama. Sumuni da sudusi biyu za su ba shi uku cikin ashirin, ya danne wa tsofaffi biyu da gwauruwa fiye da rabin haƙƙinsu, kuma yana ganin ya yi daidai. Ba duk zaluncin da ke faruwa a rabon gado ne ke fitowa daga mugunta ba. Wani daga rashin iya lissafi yake fitowa, sai dai wanda aka tauye ba ruwansa da dalili, rashin da ya yi ɗaya ne. Gidaje nawa kuka sani da 'yan uwa suka daina gaisawa a kan iyakar gona, har magana ta kai gaban alƙali?

Akwai kuma mas'alar da ta fi wannan daɗin nazari, wadda lamba mai cikakke da guntu ke fitowa a cikinta ƙarara. Mace ta rasu ta bar miji da 'yan uwa mata biyu shaƙiƙai, ba ɗa ba iyaye. Miji yana da rabi, 'yan uwan suna da sulusi biyu. Asali 6. Rabi 3, sulusi biyu 4, jimla bakwai cikin shida, wato 1 1/6. Rabon ya fi dukiyar yawa. In aka fara cika wa miji, 'yan uwa sun tauyu, in aka fara cika wa 'yan uwa, miji ya tauyu. Malaman tarihi sun ambata cewa a zamanin halifancin Sayyidina Umar ne irin wannan ta fara tasowa, ya shawarci sahabbai, aka tsaya a kan a ɗaga asalin daga shida zuwa bakwai, miji ya karɓi uku cikin bakwai, 'yan uwa huɗu cikin bakwai, ragin ya shafi kowa gwargwadon rabonsa. Wannan shi ake kira auli, kuma a kansa mazhabar Malikiyya da sauran mazhabobin Ahlus Sunna suke. Asali uku ne kaɗai auli ke shiga: 6 yana hawa zuwa 7, 8, 9 ko 10, 12 yana hawa zuwa 13, 15 ko 17, 24 kuwa zuwa 27 kawai. Wannan ta ƙarshen ita ce shahararriyar mas'alar nan da ake kira Mimbariyya, wadda ake jingina amsarta ga Sayyidina Ali yana kan mumbari. Mamaci ya bar mata, da 'ya'ya mata biyu, da uwa da uba. Ku gwada da kanku: 3 da 16 da 4 da 4 sun ba da 27 cikin 24, wato 1 1/8. Da aka ɗaga asali zuwa 27, sai rabon matar ya zama uku cikin ashirin da bakwai, sumuninta ya koma ɗaya cikin tara.

Sai dai in ja muku kunne a nan. Iya lissafi bai mayar da mutum malamin gado ba. Sanin wane ne ke katange wane, da yanayin da uwa ke cin sulusi da wanda take komawa sudusi, da hukuncin kaka tare da 'yan uwa, duk fiƙihu ne da ake zama gaban malami a koya, shekara da shekaru. Kada wani a cikinku ya iya nemo asali ya je ya ce zai raba gadon gidansu. Abin da nake so shi ne idan ana rabon, kana zaune kana fahimtar abin da ake yi, in aka yi tuntuɓen lamba ka iya cewa cikin ladabi, Allah ya gafarta Malam, a sake duba nan. Malamin kirki ba ya ƙin wannan, murna ma yake yi.

Wannan alaƙa tsakanin gado da lissafi tsohuwa ce ƙwarai. Muhammad bin Musa Alkawarizmi, wanda ya rubuta littafin aljabara a Bagadaza wajen shekara ta 820, ya cika wani babban sashe na littafin da mas'alolin wasiyya da gado. Shi kansa ɗan layin da kuke ja tsakanin lambar sama da ta ƙasa, a littafin wani malamin Magrib mai suna Alhassar, na ƙarni na 12, aka fara ganinsa. Wani ɗan Italiya da ake kira Fibonaci ya koyi lissafi a garin Bijaya da ke Aljeriya ta yau, ya kai wannan tsari Turai a littafin da ya rubuta a 1202. Ƙasarku ta Katsina ma tana da nata gwani. Muhammad bin Muhammad Alfulani Alkatsinawi ya yi karatu a nan ƙasar Hausa, ya tafi aikin Hajji, a 1732 ya rubuta littafi a kan tsara lambobi cikin gidajen hatimi yadda kowane layi zai ba da jimla ɗaya, ya zauna a Misira yana koyarwa har ya rasu a Alƙahira a 1741. Har yau masu nazarin tarihin lissafi suna ambaton sunansa. Saboda haka duk wanda ya ce muku lissafi ba na Bahaushe ba ne, ku ce masa ya je ya tambayi tarihin Katsina.

Na san abin da wasunku za su ce: ai waya tana yi. Gaskiya ne, waya tana tarawa tana ɗebewa. Amma ka ba ta sulusi, za ta nuna maka 0.3333 har allonta ya cika, ba ta kai ƙarshe ba. Kuma waya ba ta san ka danna kuskure ba, duk abin da ka ba ta shi za ta sarrafa. Wanda bai san rabi da sulusi sun kusa cika ɗaya ba, ko wace lamba ta fito zai karɓa. Ban da haka, wannan darasi shi ne tushen abin da ke gaba. Aljabarar da za ku tarar a babbar sakandare cike take da guntaye masu haruffa a ƙasa, kuma ƙa'idar ita ce dai wannan ta neman asali. Sakamako mai kyau a lissafi a jarabawar WAEC ko NECO na cikin abin da ake nema kafin a ɗauki ɗalibi a yawancin fannoni, ko a Jami'ar Umaru Musa 'Yar'adua da ke Katsina, ko Jami'ar Tarayya ta Dutsin-Ma, ko makarantar koyon aikin lafiya da ke nan kusa da ku a Kankia. Wadda ke burin zama ma'aikaciyar jinya kuwa, ranar da za ta auna wa jariri magani, rabi da kwata ba wasa ba ne.

Ga 'yan matanmu ina da magana ta musamman. Ku duba waɗannan kason shida da kyau, za ku ga mafi yawan masu cin su mata ne: mata, uwa, kaka, 'ya, jika, 'yar uwa. Su ne kuma sau da yawa ba sa zama a zaure lokacin rabo, sai a aiko musu da abin da aka ce nasu ne, su karɓa su yi godiya. Yarinyar da ta iya nemo asalin takwas da shida za ta iya zama kusa da mahaifiyarta ta ce, Inna, sumuninki uku ne cikin ashirin da huɗu, ga abin da ya kama. In mata biyu ne ko uku, ta san sumunin nan guda shi za su raba a tsakaninsu, ba kowacce ke da nata ba, ta hana a zargi wanda bai yi laifi ba. Kada ku yarda wani ya ce muku lissafi na maza ne.

Hanyar koyonsa ba ta da wani sirri, sai dai tana son naci. Ku haddace jadawalin sau har zuwa sha biyu, domin wanda bai riƙe shi ba, neman asali zai zame masa wahala kullum. Ku sami karan dawa ku yanka tsawo ɗaya guda uku, ku raba ɗaya gida biyu, ɗaya gida uku, ɗaya gida shida, ku jera su ku ga da idonku yadda gida uku na shida suka yi daidai da rabi. Idan kun yi aiki, ku mayar da amsar ɗebewa ku tara ta da abin da kuka ɗebe, in ba ta dawo da ku inda kuka taso ba, akwai gyara. Inda ya shige muku duhu ku ɗaga hannu a aji, matambayi ba ya ɓata, kuma yawancin waɗanda za su yi dariya su ma ba su gane ba.

Iyaye da yayye kuma, ku riƙa jawo yaran nan kusa idan ana awon hatsi ko ana fitar da zakka, ku bar su su yi lissafin ku duba. Ku kuwa ƙannena, a wannan makon kowa ya ɗauki littafinsa ya je wajen limamin unguwarsu bayan sallar La'asar, ya gaishe shi, ya roƙe shi mas'alar gado guda ɗaya mai asali 12 ko 24. Ya zauna ya warware ta da hannunsa, sannan ya kai wa malaminsa na lissafi ya duba. Allah ya buɗa muku ƙwaƙwalwa, ya sa ku zama masu tsare haƙƙin jama'a.